Rediyon Gidan Shiru

Ƙarfe shida muka bar Marwa,
mu bakwai a motar Hamajoda,
kowa ya biya jaka goma sha biyu, har da abincin rana.
Tize, ja-gabanmu, ya kaɗa takarda:
safiya ta dutse ce, yamma ta gari,
wanda ya makara ya nemi kilando.

Ni gyaran rediyo nake yi a bakin kasuwa.
Shekara talatin da ɗaya kunnena bai huta ba.
'Yata Nafisatu ce ta biya kuɗin,
ta ce, "Baba, je ka ji yadda babu take."

Bayan Mokolo kwalta ta sallame mu.
Duwatsu kan duwatsu,
kamar an sauke kayan gini an fasa aikin,
dawa tsaye a kan gandun da hannu ya jera hawa-hawa,
bukkoki masu tsinin kai suna leƙenmu.
Matakala ɗari biyu da sha ɗaya, in ji Tize.
Hajiya Dudu ta ƙirga da gwiwarta,
ta ce wallahi da ƙari.

A bakin ƙofa ya ɗora yatsa a leɓe.
Nan 'yan zuhudu suke, Kiristoci, su tara,
ba aure, ba tara dukiya,
magana ma sai da awo, kamar gishiri ranar tsada.

Shirun ya fi ƙarfina.
Na ji numfashina yana ja da baya,
na ji takalmina yana ba dutse haƙuri.
Ƙudan zuma ɗaya ya ratsa tsakar gida,
kowa ya bi shi da ido kamar baƙo mai sarauta.

Sai wani tsoho, Barnaba,
ya hango sukudireba a aljihun rigata.
Ya yafito ni bayan rumbu,
ya kwance tsumma, ga 'yar rediyo, eriya a karye.
"Garinmu yana bayan Mundu," in ji shi, a hankali.
"Sau ɗaya a mako aka yarje mini,
in ji ko ruwa ya sauka can."

Batir da ransa. Tsatsa ce ta ci bakin ƙarfe.
Na kankare, na murɗa waya, na taɓa,
sai mai sharhin ƙwallo ya kwarma ihu
a gidan da tari ma ke neman izini!
Tattabaru suka watse.
Tize ya dafe kai.
Tsoho ya yi dariya ba sauti, kafaɗu kawai ke rawa,
ya kashe ta, ya rungume kamar jinjiri.
Ladana kwalbar zuma, an toshe ta da totuwa.

Na yi azahar kan wani falalen dutse,
iska na ɗaga mini gefen riga.

La'asar ta same mu a gari.
Majema da warinsu, fatu shanye kamar wanki,
Mayo Kaliyawo ba ɗigon ruwa,
yara na buga ƙwallo a cikin cikinsa,
maƙera, masu jakunkuna, inuwar darbejiya layi-layi.
Hajiya ta taya takalmi har mai shi ya yi rantsuwa uku.
Motar ta bi ta gaban rumfata.
Tize bai nuna ta ba, ba ta cikin takardarsa.
Na kalle ta a kulle, ƙarama,
kamar rumfar wani.

Da dare mai ɗakina ta ce me na gani.
Na miƙa mata zumar.

Washegari rediyo shida ke jirana.
Na gyara ta farko, na mayar da murfi,
na sa yatsa a kan makunni,
na daɗe ban murɗa ba.